Ranar Da Santoy Ya Gajarce

A bakin kasuwar Santa Rufina, tsakanin shagon magani da inda masu babur ke jiran fasinja, akwai wani ƙaton ƙyalle mai hoto wanda rana da iskar teku suka cinye rabin launinsa. Saurayi ne a jiki, riƙe da ƙwallo a ƙugu, ya murtuke fuska kamar an taka masa yatsa. A ƙarƙashinsa an rubuta da manyan baƙaƙe: Crisanto Tanaleon, abin alfaharin garinmu, ƙafa shida da inci biyu.

Mai hoton yana nan da ransa. Santoy ake ce masa, ya doshi arba'in, kuma kowace safiya sai ya wuce ta gaban ƙyallen yana tura amalanken ƙanƙara zuwa bakin ruwa, inda masunta ke jiran sa. Ya ɗauki shekaru in ya zo daidai wurin sai ya sunkuyar da kai ya ƙara sauri. Mutane suna cewa tawali'u ne. Ba tawali'u ba ne. Santoy bai taɓa kai ƙafa shida ba a rayuwarsa, balle ya ɗora biyu a kai.

Sai an san halinmu kafin a gane nauyin wannan magana. Mu mutanen Filifin Allah bai ba mu tsawo ba, sai ya jarrabe mu da son ƙwallon kwando, wasan da aka ƙirƙira don dogaye. Duk inda aka sami bishiyar kwakwa da lanƙwasasshen ƙarfe, an sami fili. Wanda ya daɗe a ƙasashen waje yakan dawo da tsammanin an warke daga ciwon, sai ya sauko daga jirgin ruwa ya tarar an toshe babban titi saboda wasan unguwa, motar asibiti tana zagayawa ta bayan coci, direbanta kuma yana leƙowa yana tambayar wa ke kan gaba.

Mahaifin Santoy, Tatay Ambo, wato Baba Ambo a yarenmu, masunci ne a unguwar Baybay, gajere ko a ma'aunin garinmu. In ya zauna a bencin coci da ƙyar ƙafafunsa ke taɓa ƙasa. Da ya lura ɗansa ya fara wuce tsararrakinsa, sai ya ɗauki abin kamar kiwo. Ya hana a ɗora wa yaron kaya a ka. Barcin rana ya zama dole, ko yana jin barci ko ba ya ji. Duk wanda ya kuskura ya tsallake shi yana kwance sai ya dawo ya tsallake da baya, don kowa ya san tsallake yana hana yaro girma. Da safe a rataye shi a reshen gwaiba, uban, wanda ke kiran sa Toto yadda muke kiran yara maza, yana jan ƙafafunsa daga ƙasa yana cewa, "Saki jiki, Toto, saki jiki!"

Ko dabarun ne suka yi aiki ko jinin dangin uwa ne, yaron dai ya miƙe. Yana ɗan shekara sha shida ya kai ƙafa biyar da inci sha ɗaya, daga nan ya tsaya cak kamar an kashe inji. A Santa Rufina wannan tsawon hasumiya ne. Tsofaffin mata suka riƙa kiran sa ya sauko musu da kaya daga saman kabad.

Inci na farko a birnin Iloilo ya same shi, ranar da aka auna 'yan makaranta don gasar lardi. Takalmin aro ne a ƙafarsa, mai kaurin ƙasa kamar burodi, kuma babu wanda ya ce ya cire. Aka rubuta ƙafa shida. Ya buɗe baki zai yi magana, malamin wasanninsu ya dungure shi a haƙarƙari.

Na biyu a Manila ne, a kwalejin da ta ɗauke shi karatu kyauta don ya buga mata. Ranar da ya isa da jakarsa da busasshen kifin da uwarsa ta ƙulle masa a jarida, kocin ya dube shi tun daga sama har ƙasa.

"Kai, ɗan bakin ruwa, nawa ne tsawonka?"

"Ƙafa shida, Koci. Amma da takalmi."

"To da me za ka buga, da tafin hannu? Ni ba na ajiye ɗan ƙafa shida cif a ƙarƙashin kwando, abokan gaba su raina ni. Shida da ɗaya. Je ka karɓi riga."

Santoy ya kwana biyu yana jin kamar ya saci wani abu. Hankalinsa bai kwanta ba sai da aka jera su ɗaukar hoto, ya tsaya kusa da wani ɗan Pampanga da aka ce shida da huɗu ne, ya ga kunnuwansu sun kusa gaisawa. Ashe duk garin haka ake yi. Kowa a Manila yana yawo da inci na aro, kowa ya san na kusa da shi ma na aro ne, kuma tarbiyya ta hana a tambaya.

Abin da babu wanda zai ara masa shi ne hannu. A gida shi ne sarkin fili, don ba mai iya taɓa ƙwallo in ya ɗaga ta sama. A nan kuwa in ya jefa, sai wani ya mare ta ta koma inda ta fito. Bai fi sauran gudu ba, bai fi su tsalle ba. Amma yana da ƙashin masunta, in aka yi karo da shi sai a ji kamar an daki turmi. Kocin ya lura da haka.

"Kowa da baiwarsa, Tanaleon," in ji shi. "Wani Allah ya ba shi hannu. Kai gwiwar hannu ya ba ka. Doka ta yarje maka keta biyar kafin a kore ka daga fili. Kada ka dawo mini da ko ɗaya a aljihu."

Haka ya yi shekarunsa na kwaleji. In tauraron abokan gaba ya fara zafi, sai koci ya waiwayo ƙarshen benci ya ce, "Tanaleon, je ka gaishe shi." Santoy ya shiga, ya ja wando, ya taka ƙafa, ya manna gwiwar hannu a ƙugu yana ba da haƙuri cikin ladabi, sannan ya dawo mazauninsa tun wurin bai huce ba. Shi da kansa yakan ce ya yi karatun kasuwanci a aji, ya yi digirin zama a fili, kuma a na biyun ne ya fita da sakamako mai kyau.

Da ya gama, ya sa sunansa cikin masu neman shiga gasar ƙwararru. Ranar zaɓe an kira manya tun da wuri, ana tafi ana ɗaukar hoto. Shi sai da masu shara suka fara naɗe kujeru sannan ƙungiyar wani kamfanin kifin gwangwani ta kira sunansa. A shekarun nan samari suna tara suma a tsakiyar ka su tayar da ita da mai, Santoy ma ya tara. Jami'in ƙungiyar ya ɗora abin awo a kan sumar ba tare da ya danna ba. Inci na uku ke nan.

Labari ya isa Santa Rufina kafin shi. Shugaban gari na lokacin, wanda zaɓe ya matso masa, ya sa aka buga ƙyallen nan. Tatay Ambo ya daina zuwa kasuwa ta gajeriyar hanya, sai ya zagaya ta gaban ƙyallen.

Duk ranar da za a nuna wasan masu kifin gwangwani, rabin Baybay sai ta taru gaban talabijin ɗin shagon lungu, a ba Tatay Ambo kujerar gaba. Kuma sukan ga Santoy. In wani ya jefa ƙwallo ta shiga, kyamara takan juya kan benci, sai ga shi nan a ƙarshe yana wulwula tawul sama da kai yana ihu. Ba wanda ya kai shi iya tawul a duk gasar. Yana shiga fili jifa-jifa, amma abin kamar da hannu a ciki: ko a ɗauke wuta a Santa Rufina, ko ya zama wasan da ba a nunawa, ko a sa shi bayan komai ya ƙare, tsoho ya riga ya tashi gyara komarsa ta kamun kifi.

Sau ɗaya Tatay Ambo ya hau jirgin ruwa har Manila, sanye da rigar zuwa ɗaurin aure. Santoy ya roƙi koci kamar zai durƙusa. Koci ya ce in an ba da rata zai sa shi. Ba a ba da rata ba, wasa ya yi zafi har ƙarshe, Santoy bai ko cire rigar sama ba. A hanyar raka shi tashar jirgi ya kasa haɗa ido da ubansa. Tsoho kuwa da ya koma gida cewa ya yi, "Na gan shi da idona! Da aka miƙe taken ƙasa, wallahi sai da na ɗaga kai. Shida da biyu!"

Daga masu kifi ya koma ƙungiyar wani kamfanin fenti, daga masu fenti ya gangara ƙananan gasanni na kudu, inda ake sallamar mutum da tikitin mota da shinkafa da kaza. Gwiwoyinsa suka fara ƙara kamar tsohuwar ƙofa. Wata rana ya tattara rigunansa ya dawo gida, ya sayi amalanke. In yara suka tambaye shi yadda gasar ƙwararru take, sai ya ce, "Tana da kyau ƙwarai. Na kalle ta daga kusa, kuma ban taɓa biyan kuɗin shiga ba."

Da haka rayuwa za ta ci gaba, ba don idon tsoho ba. Ya fara zuba kofi a gefen kofi, ya fara gai da turken wuta. Santoy ya kai shi Iloilo, likita ya ce ba yanar da ake cirewa ba ce, hasken ne ke tafiya daga gefe yana matsowa tsakiya. Bana zai ga abu in rana ta yi haske sosai. Baɗi sai inuwa.

A motar dawowa, da suka fara jin warin teku, Tatay Ambo ya ce:

"Na ga abubuwa da yawa, Toto. Na ga kifin da ya fi kwalekwalena girma. Na ga uwarka tana budurwa. Abu ɗaya ne ban gani ba."

"Me, Tatay?"

"Kai, da riga mai lamba, kana gudu."

Ya faɗe shi ne kamar mai maganar farashin gishiri, ya juya yana kallon taga.

Bikin waliyyiyar gari ya kusa, kuma babu biki sai da gasar unguwanni. Sai dai gasar tamu tana da doka. Wata shekara mutanen unguwar Ilaya, na can kan tudu, sun yi hayar wasu ƙatti biyu daga birni suka ce 'yan'uwan matar wani ne, aka tashi wasa da jifa da kujeru. Tun daga nan aka yanke: ƙafa shida zuwa ƙasa. Kwana ɗaya kafin gasa ake kafa turaku biyu a filin gaban coci, a gitta sandar gora, kowane ɗan wasa ya bi ta ƙarƙashinta ba takalmi, baya a miƙe, gaban duk gari. In ko gashi ɗaya ya taɓa, mutum ya zama ɗan kallo. Mu da muke ƙara wa kanmu tsawo duk shekara, mako guda ne muke neman gajarta ruwa a jallo.

Santoy ya sami Eking, abokinsa tun na silifas, wanda ke tuƙa babur mai ɗaukar fasinja kuma shi ne kocin Baybay saboda shi kaɗai ke da usur.

"Eking, ka sa ni cikin 'yan wasanka bana."

Eking ya yi dariya har sigari ya faɗo daga bayan kunnensa. "Abokina, ƙanƙara ta daskarar maka da ƙwaƙwalwa? Je kasuwa ka karanta ƙyalle."

"Ban kai shida ba."

"Ni ma ban kai biyar ba, shi ya sa nake tuƙi a tsaye."

"Da gaske nake. Biyar da sha ɗaya ne ni. Tun muna makaranta."

Eking ya daina dariya. Ya ƙura masa ido, ya waiga hagu da dama, sannan murmushi ya fara buɗe masa fuska a hankali.

"Kai! 'Yan Manila! Haka za ka riƙa faɗa, da wannan fuskar ta marayu. Ko ni na kusa yarda."

"Eking, ba dabara ba ce."

"Yawwa, haka! Kar ka canza ko kalma. Sauran ka bar mini."

Babu yadda Santoy bai yi ba. Eking ya san duk hanyoyin da muke bi mu rage tsawo, ya kuma ɗora masa su gaba ɗaya, tunda a lissafinsa inci biyu da ɗoriya za a kashe. Ya kai shi wurin wanzami aka yi masa ƙwal-kwabo. Ya ƙwace amalanken ya ce daga yau a ka za a riƙa kai ƙanƙara, don ƙashin baya ya danne. Ya hana shi kwanciya da rana, ya hana shi miƙa in ya tashi daga barci. Mutanen Baybay suka ga dogon da aka hana ɗaukar ko kwandon kifi yana yaro, ga shi yau yana tafe da dutsen ƙanƙara a ka ruwa na bin wuyansa, sai suka riƙa ƙifta wa juna ido suna yin kamar ba su gani ba.

Shi ba sandar gora ce ke hana shi sukuni ba. Ya san zai wuce ta ko da hula. Tsoho ne. Mutumin da ya yi shekara ashirin ba shi da ƙwallo ɗaya ta ɗansa da zai ba da labari, sai inci uku. Da su yake shiga taro, da su yake rufe bakin surukai. Yanzu don ya ga ɗansa yana gudu, sai an ƙwace masa su a gaban coci, gaban mutanen Ilaya. Sau biyu Santoy yana zuwa da niyyar ya faɗa masa a keɓe. Na farko ya tarar da shi yana barci. Na biyu ya tarar da shi yana nuna wa mai karanta mitar wuta daidai inda kan ɗansa ke kaiwa a jikin ƙofa, kuma wurin da ya nuna ko ƙyallen kasuwa bai yi wannan ƙaryar ba. Santoy ya gaishe su ya wuce.

Ranar awo filin ya cika tun azahar. Samari suka riƙa wucewa ƙarƙashin gora ɗaya bayan ɗaya, wani ya noƙe wuya a yi masa ihu, wani ya lanƙwasa gwiwa a dawo da shi. Da aka kira sunan Crisanto Tanaleon, Kapitana Salvacion, shugabar unguwar Ilaya, ta miƙe tana nuna sama da lemarta.

"A'a! Wannan kuma raini ne! Eking, ka ɗauka mu 'yan tudu ba mu iya karatu ba? Kullum ta gaban hotonsa nake wucewa in sayi kifi!"

"Kapitana, hoto za a auna ko mutum?" in ji Eking.

"Rufe mini baki, kai da ko gorar ba ka iya taɓowa da tsalle."

Ta sa aka sake auna turakun da abin awon telanta. Ta sa Santoy ya buɗe tafin ƙafa a duba ko ya kankare. Ta kafa ɗan'uwanta a bayansa ya riƙe masa gwiwoyi, ita kuma ta sa bakin lema ƙarƙashin haɓarsa ta ɗaga.

"Miƙe, Toto. Miƙe kamar ana taken ƙasa."

Santoy ya miƙe iya miƙewarsa. Ta gefen ido yana hango ubansa a kujerar gaba, ya dafa sanda, ya karkato kai. Ya ja numfashi ya taka.

Gora ba ta ko san ya wuce ba. Kapitana ta ce a sake. Ya dawo ya tsaya daidai ƙarƙashinta, ta hau kujera ta zura babban yatsanta tsakanin ƙoƙon kansa da sandar, yatsan ya shige har yana juyawa.

Santoy ya ga in bai faɗa yanzu ba, ba zai ƙara faɗa ba.

"Jama'a," in ji shi, "wannan shi ne tsawona. Haka nake tun ina sha shida. Ban taɓa kai shida ba."

Sai wani daga baya ya ƙwala ihu, "Ku ji shi! Ko gezau!" Filin ya ɓarke. Mutanen Baybay suna tsalle suna dukan bayan juna. Eking ya zauna a ƙasa yana share hawaye. Hatta 'yan Ilaya tafi suke yi, don mu in aka yi mana wayo mai kyau ba ma hana yabo.

Kapitana ta sauko daga kujera tana girgiza kai. "Inci uku cikin mako guda. Ni Salvacion! Faɗa mini tsakaninka da Allah, a ina ka ɓoye su?"

"Kapitana, babu su."

"Shege ɗan Manila," in ji ta, ta ɗan buge shi da lema a kafaɗa. "Gobe yarana za su zazzago maka su."

Ya juya wajen ubansa. Tsoho yana zaune yadda yake, fuskarsa ba ta faɗi komai ba.

Washegari Baybay da Ilaya ne suka buɗe gasa, kuma Eking ya yi rigima har aka sa wasan da azahar, rana na tsaye a kan fili, don tsoho ya iya gani. Aka ajiye kujerar Tatay Ambo dab da layi. Da alƙalin wasa ya busa usur a fito, ƙafafun Santoy da kansu suka kai shi ƙarshen benci, hannunsa ya laluɓo tawul.

"Ina za ka, ɗan banza?" Eking ya daka masa tsawa. "Fili yana can!"

Ba za a ce ya yi wasa mai kyau ba. Yaran Ilaya da ya girme wa iyayen wasunsu suka riƙa zagaye shi kamar turke. Kafin a je ko'ina numfashinsa ya fara fita da fito. Ya taka ƙafar wani ya ba shi haƙuri, ya ja wandon wani ya ba shi haƙuri, alƙalin wasa yana busawa yana dariya. Amma askin da Eking ya tilasta masa ya yi ranarsa ta inda ba a zata ba. Gumi ya wanke ƙoƙon kan, rana ta doke shi, ya zama abu mafi haske a duk filin.

"Ga shi can!" Tatay Ambo yana nunawa da sanda. "Mai ƙyallin nan! Ga shi ya yi hagu! Ku dube shi, gudu yake!"

Ana cikin haka ƙwallo ta kuɓuce daga hannun wani ta faɗo hannun Santoy a ƙarƙashin kwando, babu kowa kusa da shi. Ya tsaya riƙe da ita yana waige-waigen wanda zai miƙa wa, don abin da ya yi shekaru yana yi ke nan.

"Jefa, Toto!" Muryar tsoho ta keta filin. "Jefa mana, don ubanka!"

Ya jefa. Jifa ce mara kyan gani. Ƙwallon ta daki allo, ta hau bakin ƙarfe, ta zagaya kamar mai neman ƙofar gida, sannan ta faɗa ciki.

Bai daɗe ba bayan nan ya cika ketarsa ta biyar aka fitar da shi, ya koma benci ya ɗauki tawul, aikin da ya fi iyawa. Ilaya ta lallasa Baybay, Kapitana ta zagaya fili da lema a buɗe.

Da jama'a suka watse, uba da ɗa suka kama hanyar bakin ruwa a hankali, ɗaya ba ido ɗaya ba gwiwa. Tsoho ya ɗaga hannu ya dafa kafaɗarsa.

"Tatay," in ji Santoy, "abin da na faɗa jiya gaskiya ne."

"Na ji ka. Kunnena lafiya lau."

"Ba ka ji haushi ba?"

"Toto, ni ne na yi ta jan ƙafafun nan a gindin gwaiba. Ranar da suka daina zuwa, wa kake tsammani ya fara sani?"

Santoy ya tsaya. "To me ya sa ka yi ta faɗa wa duniya shida da biyu?"

"Me kake so in faɗa? In ce ku zo ku ga ɗana ya iya zama? Na je har Manila, abin da na gani ke nan, ka miƙe ka zauna. Da abin da ka ba ni na yi aiki." Ya ja shi suka ci gaba da tafiya. "Yanzu kuwa na sami wani. Ka ga yadda ka yi tsalle? Sama da kan mutum uku."

"Tatay, ko ƙasa ban bari ba."

"Ni na gani ko kai? Kai kana ciki, ina za ka sani?"

Sun kusa gida tsoho ya ƙara cewa, "Kada ka bari su sauke ƙyallen nan. Shi kaɗai ya rage a garin nan da nake iya karantawa."

Ba a sauke shi ba. Idon Tatay Ambo ya tafi kamar yadda likita ya ce, ƙwallon kuwa tana ta girma a bakinsa, yanzu daga tsakiyar fili aka jefa ta. Duk shekara in biki ya matso, iyaye daga har garuruwan maƙwabta sukan kawo wa Santoy dogayen 'ya'yansu da kwalbar giyar kwakwa, a roƙe shi sirrin inci uku. Yakan gaya musu gaskiya, su yi dariya su ce sun gane, ba a faɗa a gaban mutane. Da ya gaji, sai ya fara ɗora wa yaran ƙanƙara a ka su kai bakin ruwa, gwiwoyinsa suka ɗan huta.

In ya zo wucewa ta kasuwa yanzu ba ya sunkuyar da kai. Yakan ɗaga ido ya dubi saurayin nan mai murtukakkiyar fuska, ya ce, "Ina kwana, Dogo," ya ci gaba da tura amalankensa.